Ƙafa Shida

Ina tankaɗen garin tuwo na ji ƙarar. Da fari na ɗauka tifa ce ta kawo wa maƙwabta yashi, don unguwar tamu ba ta rabo da gini. Sai na ji ƙasa tana rawa a ƙarƙashin tabarmar da nake zaune, sai ga autana ya faɗo gida a guje ko takalmi babu, yana cewa, "Umma, Umma, ga katafila nan a jikin gidanmu!" Kafin in lalubo mayafi, bakinta ya riga ya leƙo ta saman katangarmu ta gabas. Sau biyu ta tura. A na uku katangar ta kwanto ciki, ta danne murhu, ta fasa randa, ƙura ta turnuƙe tsakar gida. Da ƙurar ta lafa sai na ga titi, titi ma ya gan ni. Ga ni tsaye da ɗaurin ƙirji da rariya a hannu, ga 'yan kallo cike da layi, ga 'yan sanda biyu, ga wani mai fayil a hammata yana nuna wa direba inda zai ƙara turawa.

Ranar wata Litinin ce a watan Janairun 2019, ana tsakiyar hidimar kamfe. Shekara ta uku ke nan da rasuwar Malam.

Ni da Malam duka malaman firamare ne. A 1998 ya sayi filin, lokacin nan bayan gari ne, gonar wani dattijo ce aka yanka awon igiya. Wanda ya san awon igiya ya san yadda yake: dillali da igiya da turaku, a auna hamsin a ɗari, a bar layi a tsakani gwargwadon imanin mai gona, a rubuta takardar ciniki, shaidu su dangwala. Yawancin mutane a nan suke tsayawa. Malam kuwa mutum ne mai tsoron rigima, tsoron da a lokacin nake ganin har ya yi yawa. Bai zauna ba sai da dagaci ya sa hannu, hakimi ya sa hannu, ƙaramar hukuma ta ba shi takardar mallaka. Bai tsaya nan ba, ya ɗauko safiyo mai lasisi ya auna filin, ya zana taswira, ya binne siminti mai lamba a kusurwa huɗu. Na tuna na yi masa ƙorafi, na ce kuɗin safiyon nan da keken ɗinki ya saya mini. Ya yi dariya ya ce keke zai lalace, dutsen nan ba ya tsatsa.

Kuma katanga ya fara ginawa kafin ɗaki. Duk wata in an yi albashi sai ya sayi bulo hamsin ko sittin ya jibge. Shekara biyu yana yi kafin ya zagaye filin, layi goma-goma, sannan ya ɗora ɗaki biyu muka tare. Yakan ce gida ba ɗaki ba ne, sutura ce. A gindin dutsen kusurwar gabas ya dasa zogale, wai don kada yara su manta inda iyaka take.

Ranar Alhamis kafin rusau, wasu samari suka bi layinmu da bokitin jan fenti. Suka yi gicciye a jikin katangar gida bakwai, duka a ɓangarenmu, suka rubuta lamba 6. Ba su yi sallama ba, ba su bar takarda ba. Na aika babban ɗana ya tambaye su, suka ce aikin titi da magudanar ruwa za a yi, ƙafa shida muka ci na hanya. Da yamma na je wurin mai unguwa. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Malama, wallahi ni ma ganin fenti na yi kamar yadda kika gani." Washegari Juma'a na ɗauki takardun Malam na tafi sakatariya. Ciyaman yana wurin taron siyasa, shugaban sashen ayyuka ya tafi masallaci tun ƙarfe goma sha ɗaya. Wani akawu ya ce in dawo Litinin. Litinin ɗin su suka riga ni.

Abin da kowa a layin ya sani, amma ba mai faɗa da ƙarfi, shi ne hanyar ba daga ɓangarenmu ta tsuke ba. A tsallake akwai jerin shaguna na wani mai ƙafa a hukuma. Shekara da shekaru yana turo baranda, ya ɗora rumfar kwano, ya mayar da rumfar gini, har layin ya zama da ƙyar mota biyu suke giftawa. Da aka tashi fitar da titi sai aka ja igiya daga bakin shagunansa. Ko ɗigon fenti bai taɓa su ba.

Daren farko ba zan manta shi ba. Ƙofar bayinmu tana kallon gabas ne, katangar ce ke kare ta. 'Yan mata uku gare ni, babbar tana shekara goma sha tara. Maƙwabciyata ta aro mana zana biyu, muka haɗa da buhunan taki da tsohon labule muka ɗaure a jikin itace. Iskar hunturu tana kaɗa buhunan, fitilar kowane babur tana haska har cikin ɗaki. Fiye da mako guda yaran nan ba mai shiga bayi sai bayan isha'i. Awakin unguwa suka maida tsakar gidan hanya, almajirai suna leƙe, 'yan acaɓa suna rage gudu in sun zo daidai nan. A sati na biyu aka kwance mana tunkiya. Ban yi kukan tunkiyar ba. Abin da ya sa ni kuka shi ne ranar da na ga babbar 'yata tana wanke-wanke a tsakar gidan ubanta sanye da hijabi har ƙasa.

Da na ce zan kai ƙara, yayan Malam ya zo takanas. Dattijo ne mai kirki, shi ya tsaya mana tun rasuwar. Ya ce, "Malama, faɗa da aljani ba riba. Ke ma'aikaciyarsu ce, albashinki ta hannunsu yake biyowa. Ki bar wa Allah, mu haɗa kuɗi a tada katangar a inda suka ce." Na ce, "Yaya, in na tada ta a inda suka ce, na yarda ke nan ƙaninka ɓarawon hanya ne." Ya yi shiru. Don haka ake faɗa a gari, wai an rushe waɗanda suka ci hanya. Mutumin da ya hana kansa nama don ya biya safiyo.

A cikin gida bakwai ɗin, biyar suka ce ba ruwansu da kotu, kuma ban ga laifinsu ba. Uku ba su da ko takardar dagaci. Ɗaya ya ce zai bi ni, bayan sati uku ya aiko matarsa ta ba ni haƙuri, daga baya na ga an sauke masa bulo.

Lauyan da na samu tsohon ɗalibin Malam ne, wanda ya koyar a aji shida. Na shiga ofis ɗinsa da ledar takardu, ya miƙe tsaye ya gaishe ni. Tambayarsa ta farko ita ce, "Umma, sun ba ki takarda kafin su rusa?" Na ce jan fenti dai. Ya ce, "Akwai hoto?" Allah ya sa ɗana ya ɗauki bidiyo da wayarsa, har da lambar motar da ta kawo ma'aikatan. Ya shimfiɗa taswirar Malam a kan tebur, ya daɗe yana kallo, sannan ya yi mini bayanin da har yau nake maimaita wa duk wanda fenti ya taɓa gidansa.

Ya ce kada in yaudari kaina, hukuma tana da ikon karɓar fili. Tun Dokar Amfani da Filaye ta 1978, wadda aka yi zamanin mulkin soja na Obasanjo, ƙasar kowace jiha tana hannun gwamna ne a matsayin amana, mu izinin zama muke riƙe da shi. Filin da ba na birni ba kuma ƙaramar hukuma ce take ba da takardarsa, irin wadda Malam ya karɓa. Yin titi da magudana ma aikin ƙananan hukumomi ne a tsarin mulki. Amma ikon yana da hanyar da ake bi. Sai an soke izinin don amfanin jama'a, a rubuce, an sanar da mai wurin. Sai an biya diyyar abin da ya gina a kai. Sashe na 44 na tsarin mulkin 1999 ya ce ba a karɓe wa mutum dukiya da ƙarfi sai bisa dokar da ta tanadi biyan diyya ba tare da jinkiri ba, ta kuma ba shi damar zuwa kotu. In kuwa cewa suke mun ci hanya, to zargi ne, kuma ba a yanke wa mutum hukunci ba a ji ta bakinsa ba. Ya ce, "Umma, fenti ba sammaci ba ne."

Sai ya gaya mini abin da ya sa mutane da yawa suke faɗuwa tun ba a fara ba. Kafin a maka ƙaramar hukuma a kotu sai an aika mata takardar gargaɗi, a jira wata guda. Sannan akwai wata tsohuwar doka mai kare jami'an gwamnati, wadda ta ce in wata uku ya wuce ba ka shigar da ƙara ba, ka makara. Ya ce kotuna sun sha cewa wannan ba ta shafi rigimar fili ba, amma shi ba zai bar musu ko taga ba. A ranar ya rubuta takardar. Ni kuwa da na biye wa zaman sulhun da ake ta ja na, yau mai unguwa gobe kansila, da watannin sun ƙare ina jiran a kira ni.

Na sayar da sarƙa da 'yan kunnen da na gada wurin mahaifiyata, na karɓi ɗaukar farko a adashin makaranta. Aka kawo mai ƙiyasin kuɗin gini ya ƙirga bulo, siminti, rodi, yashi, ladan birkila da leburori. A watan Afrilu muka shigar da ƙara a babbar kotun jiha.

Na ɗauka ranar farko zan tsaya in zayyana wa alƙali komai. Har na kwana ina tsara maganata. Muka yi sammako, tafiyar awa ɗaya da rabi a mota. Aka kira shari'armu wajen sha biyu, lauyoyi suka miƙe suka yi Turanci na minti uku, aka zauna. Na tambayi Barista me ya faru, ya ce an ɗage, ɗaya ɓangaren ba su kawo amsa ba. Wannan kalma ta ɗagewa, na ji ta har ta daina yi mini ciwo. Yau lauyansu ba shi da lafiya, gobe alƙali yana taro, jibi an tafi dogon hutun kotu na damina.

Da suka tashi kawo amsar, ba maganar katanga suka yi ba. Cewa suka yi ni ba ni da hurumin yin ƙara, gida na mamaci ne, sunansa ne a takarda. Gaskiya ne ba mu raba gado ba, yara suna ƙanana, nawa a ciki tumuni ne kawai. Sai da muka je kotun shari'ar Musulunci aka tabbatar da magada, aka gyara takardu ya zama ni da babban ɗana muke ƙara a madadin kowa. Yayan Malam, wanda ya hana ni tun farko, shi ya tsaya shaida a can, da kuɗin motarsa. Wannan kaɗai ya ci kusan wata bakwai.

Ana cikin haka wata safiya muka tashi muka ga an jibge tsakuwa da katako a kan ƙafa shidan, ɗan kwangila zai zuba magudana. Na kira Barista hannuna yana rawa. Cikin kwana biyu ya shigar da roƙon a dakatar da su. A kotu ina zaune a baya ina jin Turancin sama-sama, sai na ji yana ta ambaton Ojukwu. Da muka fito na ce, "Barista, wane Ojukwun?" Ya ce, "Wanda kika sani, Umma." Ashe bayan ya dawo daga gudun hijira, gwamnatin soja ta Legas ta tura 'yan sanda suka fitar da shi daga wani gida a Ikoyi alhali maganar gidan tana gaban kotu. A 1986 Kotun Ƙoli ta yi wa gwamnatin tatas, ta ce ba a yarda hukuma ta ɗauki doka a hannunta ba bayan magana ta shiga kotu. Tun daga nan duk lauyan da hukuma ta yi wa wanda yake karewa ƙarfa-ƙarfa, wannan shari'ar yake jawowa.

Na zauna a kan dakalin kotu na yi dariya har da hawaye. Mahaifina soja ne, ya yi yaƙin Biyafara, ya dawo da tabon harsashi a cinya, har ya bar duniya ba a ambaton sunan nan a gabansa. Yau ga 'yarsa, sunan Ojukwu ne ya hana a zuba kankare a inda murhunta yake. Alƙali ya ba da umarni kowa ya tsaya inda yake. Ɗan kwangila ya kwashe katakonsa, tsakuwar kuwa yara suka ƙarar da ita a harbin tsuntsu.

Umarnin ya ɗaure ni ni ma. Ba halin in tada katanga sai an gama. Zana ta ruɓe muka sake, damina biyu ta ci mana buhuna, daga baya muka kafa tsofaffin kwanuka. A bayan kwanukan nan aka yi bikin babbar 'yata. Dangin ango da suka kawo lefe na ga suna satar kallon wurin, wata ta tambaya ko gini muke yi. Na ce e, gini muke yi.

Sai korona ta zo a 2020 aka rufe komai. Aka buɗe, muka fara kiran shaidu, sai ma'aikatan kotuna suka shiga yajin aiki a watan Afrilun 2021, fiye da wata biyu ƙofa a garƙame. Suna dawowa ba da jimawa ba aka yi wa alƙalinmu canjin wurin aiki. Barista ya zo har gida, abin da bai saba ba, ya zauna a kan tabarma ya ce sabon alƙali ba zai yi hukunci da shaidar da bai ji da kunnensa ba, sai dai a faro daga farko. A ranar na ce masa a bari. Wallahi na ce a bari. An riga an yi mini canjin makaranta zuwa wani ƙauye mai nisan kilomita ashirin, ba wanda ya ce saboda ƙarar ne, ni ma ban ce ba, amma kullum sai na hau babur biyu. Ya ce, "Umma, in kin janye zan bi umarninki. Amma ki bari sai gobe ki faɗa mini." Da asuba na fita alwala na ga zogalen Malam, wanda katafila ta karye, ya yi tsiro daga gindi har ya fi ni tsawo. Ba wani abin al'ajabi ba ne, zogale haka yake. Ban dai kira Barista ba, shi ma bai sake tambaya ba.

Sabuwar mai shari'ar mace ce, ba ta son ɓata lokaci. Ranar da na shiga akwatin shaida aka ba ni Alƙur'ani, aka kawo tafinta. Ina jin Turanci daidai gwargwado, amma Barista ya ce in yi da Hausa don kada a kama ni da kalma. Lauyan ƙaramar hukuma yaro ne sa'an ɗana, amma bakinsa kamar reza. Ya ce ni safiyo ce? Na ce a'a. Ya ce ina wurin lokacin da aka auna filin? Na ce ina gida da goyo. Ya ce to ta yaya na san mijina bai ƙara ko taku ɗaya ba lokacin gini? Na ce duwatsun da aka binne suna nan, a je a tono. Ya ce ba na son a yi wa unguwarmu titi ne? Nan na juya na kalli mai shari'a na ce ina so, ni ce ruwa yake shiga wa ɗaki duk watan Agusta. Da an yi sallama an ce Malama ana neman hanyar ruwa, da an samu. Ba a tambaye ni ba ne.

Shaidarsu shi ne mutumin nan mai fayil. Barista ya tambaye shi ina takardar da suka ba mu. Ya ce an yi sanarwa ta bakin masu unguwanni. Ina taswirar titin da aka amince da ita? Ya ce tana ofis. Aka ɗage don ya kawo, ya dawo da wata takarda mai zanen biro, babu hatimi, babu kwanan wata. Daga wane wuri aka fara awo? Ya ce daga gefen titi. Wane gefen? Ya yi shiru, ya kalli lauyansu.

Mai shari'a ta ce za ta je ta gani da idonta. Ban san kotu tana tashi ta je unguwa ba sai ranar. Motoci uku suka tsaya a layinmu, ga magatakarda da littafi, ga ɗan sanda, ga safiyo daga ofishin babban safiyon jiha da na'urarsa mai ƙafa uku. Unguwa ta fito kaf, har kan katangu. Safiyon ya duba taswira, ya auna daga duwatsun yamma da ba a taɓa ba, ya zo ya tsaya daidai gindin zogalen ya ce a haƙa nan. Ɗana ya ɗauki diga. Ɓaraguzan bulo, ƙasa, tsohuwar leda, guntun randata. Wajen zurfin kamu biyu digar ta yi ƙara. Ya durƙusa ya share da hannu, aka zuba ruwan buta, lambar ta fito ɓaro-ɓaro, ita ce a jikin taswirar. Tushen tsohuwar katangar kuma yana cikin dutsen da kusan tafin hannu. Malam bai ma cike filinsa ba.

Mai shari'a ba ta ce komai ba. Ta sa aka ja tef daga dutsen zuwa tsallake, aka rubuta. Ta kalli barandar shagunan, ta ce a auna ita ma, aka rubuta. Mai shagunan yana tsaye a cikin jama'a, kafin a naɗe tef ɗin ya sulale.

A ƙarshen 2023 aka yanke hukunci, lokacin an cire tallafin mai, kuɗin motar zuwa kotu ya ninka kusan sau uku. Ta yi kusan awa ɗaya tana karantawa. Barista ya fassara mini a waje: katangar tana cikin filinmu, rusawar ta saɓa wa doka, an hana su sake shiga wurin sai ta hanyar da doka ta tsara, za su biya kuɗin katangar yadda aka ƙiyasta, da wani abu a kai na cin zarafi. Na ce ya sake faɗa mini ta farkon. Na sa aka yi mini kwafi uku, ɗaya na kai wa yayan Malam. Ba ya karanta boko, amma ya riƙe takardar ya daɗe, sannan ya ce, "Allah ya jiƙan ƙanina."

Kuɗin kuwa wani labari ne. Ƙiyasin na 2019 ne, lokacin buhun siminti bai wuce naira 2,600 ba. A farkon 2024 sai da ya taɓa 10,000. Kuma hukunci daban, biya daban. Na ɗauka kotu za ta aika a ciro daga asusunsu, Barista ya ce taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati yana bukatar amincewar Antoni Janar, wata doguwar shari'ar ce kuma. Muka yi ta rubuta takarda, ana cewa ba kuɗi, komai yana asusun haɗaka da jiha. A watan Yulin 2024 na ji a rediyo Kotun Ƙoli ta ce a riƙa ba ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, na ce to, ko za a tuna da mu. Wajen ƙarshen shekarar, bayan an yi sabon ciyaman, aka kira mu aka ce za a biya kashi uku. An biya biyu. Na cire na Barista, wanda da ƙyar ya karɓi rabin abin da ya kamata, na biya bashin adashi. Abin da ya rage bai fanso sarƙar mahaifiyata ba, bai kuma kai katangar layi goma ba.

Muna shirin fara gini sai ga wani injiniya daga sakatariya. Ya tsaya a ƙofar gida ya yi sallama sau uku, ya jira aka yi masa iso. Ya zauna a zaure shi da mai unguwa, ya ce, "Hajiya, magudanar nan ta tsaya a gidanki shekara biyar, ruwa yana cin mutanen ƙasan layi. An sa mai shaguna ya janye barandarsa, amma duk da haka muna neman ƙafa biyu. Ga takarda, ki nuna wa lauyanki." Na ce ya ba ni mako guda. Na tara yaran, don filinsu ne. Babban ya ƙi da farko, ya ce bayan duk wannan wahalar? Ƙannensa mata suka rinjaye shi. Barista ya gyara takardar, ya sa a rubuta cewa magada ne suka bayar da yardarsu, ya sa su ɗauki nauyin tushen sabuwar katangar. Sharaɗi ɗaya na ƙara da bakina: kada a cire dutsen Malam.

Katangar yanzu layi bakwai ce, sama mun ƙarasa da kwanukan nan kafin Allah ya hore. Ba a yi mata filasta ba tukuna. Magudana ta wuce, daminar bana ruwa bai shigo ɗaki ba. Zogalen dole aka sare shi, na dasa reshensa daga ciki. Dutsen kuma yana waje, a bakin magudanar, magina sun zagaye shi da kankare sun bar lambar a buɗe. Wata yarinya mai sayar da awara ta gano daidai yake da tsayin kujera, kullum da la'asar a kansa take zama.